Daga fada zuwa tasha: Tarihin mawaƙin da ke tsayawa shi kaɗai, da abin da ya rage masa a Yankara

Duk wanda ya taɓa yada zango a Yankara, garin da ke bakin iyakar Katsina da Zamfara a kan titin Funtuwa zuwa Gusau, ya san muryar da ba ta yankewa a teburin mai shayi da rumfar masu cajin waya. Muryar Alhaji Mamman Shata ce, mutumin da ya bar duniya tun ranar 18 ga Yunin 1999. Yawancin samarin da ke tura waƙoƙinsa daga waya zuwa waya ba a haife su ba sa'ad da aka kai shi makwancinsa a Daura. Ni kaina a lokacin ban daɗe da sauka daga goyo ba.

Abin da ya yi wuyar ji a wannan yanki shi ne kalangu na fata da tsarkiya, ana kaɗa shi a fili bayan sallar isha'i, mutum guda ya tsaya a tsakiyar taro yana ƙaga waƙa nan take, yana kiran sunayen waɗanda ke zaune a gabansa. Wannan salo ne ya fitar da Shata, kuma ƙasar da ta tashi daga Bakori da Funtuwa ta bi ta Faskari da Ƙanƙara da Sabuwa tana cikin inda ya fi samun ruwan sha. Tarihinsa bai kai tsufan da mutane ke zato ba. Kuma duk wanda ya bi sawunsa zai ga cewa a kowane zamani, tsarin waƙar yana bin tsarin wanda ke biyan kuɗinta ne.

Waƙar malamai da waƙar makaɗa

Bahaushe ya daɗe da raba waƙa gida biyu. Akwai ta malamai, wadda ake rubutawa da ajami ko boko, a rera ta ba tare da kiɗa ba, jigonta wa'azi ko begen Annabi ko koyar da ibada. Irinta ce Imfiraji ta Malam Aliyu Namangi na Zariya, wadda makafi suka yi shekaru suna rerawa ƙofa-ƙofa. Sai kuma ta makaɗa, wadda ba a rubutawa, wadda ke tafiya da ganga, kuma sha'aninta na duniya ne: sarauta, jarumta, dukiya, noma, mata, zambo da habaici.

Ta biyun ba ta taɓa samun kwanciyar hankali a wurin malamai ba. A littafin Kitabul Farƙ, Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya lissafa shagala da kaɗe-kaɗe dare da rana cikin ɗabi'un sarakunan Haɓe da ya soka, ya bar ƙofa kawai ga kiɗan da ke da wata manufa ta shari'a, kamar tara mayaƙa. Jihadi ya ci nasara, amma fada ba ta rabu da tambari da kakaki ba, kuma jikokin masu jihadin ne suka riƙe manyan makaɗan ƙarni na 20. Abin da ya saura shi ne tabo. Masanin nan M. G. Smith, wanda ya yi bincike a ƙasar Zazzau, ya nuna a wata maƙala ta 1957 cewa maroƙa da makaɗa suna can ƙasa a jerin darajar sana'o'in Hausawa. Ana ba su doki, ba a ba su 'ya.

A cikin waƙar makaɗa kuma akwai wani rabon, wanda shi ne ya shafi wannan bayani. Manazarta waƙar baka, irin su Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau na Jami'ar Bayero, suna bambanta rerawa ta ƙungiya da ta kaɗaita. Bambancin ya wuce ƙidayar mutanen da ke tsaye a fili. Maganar ita ce: a bakin wa waƙar take?

Yadda ake yi a fada

Daga Yankara, babban gari na gaba a kan hanyar Gusau shi ne Tsafe, kuma fadar Tsafe tana cikin inda Alhaji Musa Ɗanƙwairo Maradun ya yi wasu daga cikin waƙoƙinsa mafi shahara, waɗanda ya yi wa 'Yandoton Tsafe Aliyu. Wanda ya saurari Ɗanƙwairo da kunnen basira zai ji cewa sau da yawa ba shi ke ƙarasa zance ba. Yakan ɗauko kan magana, 'yan amshi su karɓe su kai ta ƙarshe da murya ɗaya, shi kuma ya riga ya wuce gaba. Haka Ibrahim Narambaɗa ya yi a fadar Sarkin Gobir na Isa, haka Sa'idu Faru ya yi wa Muhammadu Macciɗo tun yana Sarkin Kudu, haka Sarkin Taushin Katsina ya yi a fadar Sarki Usman Nagogo.

Irin wannan waƙa ba ta yiwuwa sai da shiri. Dole a zauna a gida a tsara ta, a maimaita har kowane ɗan amshi ya haddace inda zai shigo. Aiki ne na kwanaki, wani lokaci na makonni, kuma ba mai iya ɗaukar nauyin mutum takwas ko goma suna zaune suna gyaran ɗiyan waƙa sai wanda ke ciyar da su shekara da shekaru. Sarki ke nan ko hakimi. Shi ke ba da gida da hatsi da riguna da doki, ya naɗa wa jagoran sarautar kiɗa. Ladan da yake karɓa shi ne a yabi asalinsa, a jera kakanninsa, a yi wa abokan takararsa zambo ba tare da kama suna ba. Makaɗin fada ba ya yi wa talaka waƙa yadda ya ga dama, domin bakinsa yana da mai shi.

Ba a rasa makaɗan talakawa ba a wancan zamani. Manoma suna da nasu masu gangar noma a gayya, mahauta suna da masu kalangu, 'yan dambe da 'yan tauri da maharba kowa da nasa, 'yan bori suna da masu garaya da goge. Amma kowannensu a ɗaure yake da rukunin da ya gada. Makaɗin da ba na kowa ba, wanda zai yi wa duk mai bayarwa, sai da aka samu wani irin kuɗi da ba ya bi ta hannun sarki kafin ya iya rayuwa.

Auduga, jirgi da mota

Wannan kuɗi ya iso kudancin Katsina da zuwan Turawa. A 1929 aka kammala layin dogo daga Zariya ta Funtuwa da Gusau zuwa Ƙauran Namoda. Kamfanin auduga na Birtaniya ya kafa injinan gurza a Funtuwa da Malumfashi, aka buɗe gonar irin auduga a Daudawa ta ƙasar Faskari. Da kaka ta yi, sai tsabar kuɗi ta shiga hannun mutanen da ba su da rawani: manomin da ya kai kaya sikeli, malamin awo, dillali, ɗan kwangila, mai babbar mota da direbansa da yaron motarsa. Garuruwan hanya suka cika da baƙi, aka samu tashoshi da gidajen abinci da bariki, inda mutum ke kashe abin da ya samu nesa da idon dangi.

Waɗannan sababbin masu hali suna son a ji sunansu kamar yadda ake jin na 'ya'yan sarki, amma ba su da jerin kakannin da za a wasa su da shi, ba su kuma da ikon ajiye ƙungiya. Abin da suke da shi sule ne da fam a aljihu yau da daddare, gobe kuma mota ta tashi.

Shata ya dace da wannan gurbi kamar an auna shi. An haife shi a Musawa a 1923, a gidan da ba na makaɗa ba. Mahaifinsa bai so ya yi waƙa ba, saboda tabon nan da aka ambata. Ya fara da tallar goro da alewa, yana waƙa a dandali don nishaɗi, kafin ya koma Bakori, tsakiyar ƙasar auduga, inda sana'ar ta kankama. Bikin 'yan sarki da aka yi a Kano a 1952 ne ya fitar da sunansa sarari. Daga baya ya zauna a Kano, sannan ya tare a Funtuwa, inda ya yi fiye da shekara ashirin na ƙarshen rayuwarsa.

Shata yana da makaɗa da 'yan amshi, saboda haka wani zai ce ai ba shi kaɗai ba ne. To amma a saurari abin da 'yan amshin nasa ke yi. Gindin waƙa kawai suke maimaitawa, layi ɗaya ko biyu, daga farko har ƙarshe. Duk sauran zancen daga bakinsa yake fitowa, a lokacin, ba tare da ya sanar da kowa abin da zai faɗa ba. Amshin yana ba shi numfashi da daƙiƙun da zai ƙulla ɗa na gaba. Kalangu kuwa, da yake ana matsa tsarkiyarsa a hammata ya hau ya sauka kamar harshe, yana iya bin duk sunan da aka jefa masa. Da wannan tsari, mutumin da Shata bai taɓa gani ba sai yau zai iya samun waƙarsa kafin a tashi daga fili. Sanƙira ya raɗa suna da gari da sana'a, an gama.

A ganina wannan ne babban abin da Shata ya kawo, ya fi muryarsa muhimmanci, ko da yake muryar ce mutane suka fi tunawa. Ya mayar da waƙar yabo abin da ake iya saye a kasuwa, kuma hakan ya ba shi 'yancin da makaɗin fada bai taɓa samu ba. Wanda ke da iyayen gida dubu ba ya tsoron fushin ɗaya. Shi ya sa ya yi wa sarakuna waƙa, musamman Sarkin Daura Muhammadu Bashar, ba tare da ya zama bawan fada ba. Ya yi wa direbobi da 'yan kasuwa da karuwai da mashaya. Ya yi wa kumbon Apollo 11. Ya yi wa kansa Bakandamiya. Shi ya sa kuma zambonsa ya zama abin tsoro. Kada a manta da wannan ɓangaren: mutane da yawa sun ba da kyauta ne don gudun kada a yi da su, kuma akwai gidajen da har yau ba sa son a kunna wasu waƙoƙin a gabansu. 'Yancin makaɗi wani lokaci haraji ne a kan mai jin kunya.

Waɗanda suka kai kaɗaitar ƙarshenta su ne masu kayan tsirkiya. Ɗanmaraya Jos, wanda aka haifa a Bukuru a 1946, ɗan makaɗin fada ne, amma da kuntigi ya fita duniya, ɗan ƙaramin abin kiɗa mai tsirkiya ɗaya da yake kaɗawa da kansa, ba ɗan amshi ko ɗaya. Waƙar da ta fara fitar da shi ta karen mota ce, wato mutumin da ya fi kowa ƙasƙanci a tasha. Haruna Uji na Haɗeja ya yi nasa da gurmi, su Garba Supa da Hassan Wayam da kukuma. A cikin gidaje kuma, inda maza ba sa shiga, Hajiya Barmani Choge ta Funtuwa ta ɗauki kiɗan ƙwarya na amada ta mayar da shi sana'ar da ake gayyata gari-gari, tana zuga mata su nemi na kansu, tana faɗin abin da ba a saba ji daga bakin mace a bainar jama'a ba. Ta rasu a watan Maris na 2013, Ɗanmaraya ya bi ta a watan Yunin 2015.

An taɓa yin haka a Landan

Wannan tafiya daga fada zuwa kasuwa ba a ƙasar Hausa kaɗai aka yi ta ba, kuma duba wani wurin yana taimakawa a gane inda tamu ta tsaya. A Italiya ta ƙarni na 17 aka ƙirƙiro wani nau'in waƙa da ake kira kantata: murya ɗaya da 'yan kayan kiɗa kaɗan, mawaƙi yana sassaɓa zance mai kama da magana da kuma rerawa sosai, jigon yawanci soyayya. Kiɗan zauren manya ne. Handel ya tsara da yawa a Rum wajen 1707, a gidan wani basarake mai suna Ruspoli da ke ɗaukar nauyinsa.

Da salon ya ƙetara Ingila sai ya tarar da wasu masu biya. A 1710 wani Bajamushe mazaunin Landan, Pepusch, ya buga kantata shida da Ingilishi don a saya a kanti. Daga 1745 aka fara rera waƙoƙi a lambun shaƙatawa na Vauxhall, inda kuɗin shiga sule ɗaya ne, kuma matsara irin su Thomas Arne suka riƙa sauƙaƙa salon don ya dace da kunnen akawu da mai shago. Kusan abin da auduga ta yi wa Funtuwa ke nan.

Inda hanya ta rabu shi ne takarda. Tasu waƙar a rubuce take da alamomin kiɗa, ana bugawa ana sayarwa, don haka rigimar wa ke da ita ta isa kotu da wuri. A 1777 Johann Christian Bach ya yi nasara a ƙarar da ya kai masu buga littattafai na kamfanin Longman, kotu ta ce dokar haƙƙin mallaka ta 1710 ta haɗa da kiɗa. Yayin kantata ya wuce a Birtaniya kafin ƙarshen wancan ƙarni, amma takardun suna nan a ɗakunan karatu, duk mai so zai ɗauko ya rera bayan shekara 300. Tamu a iska aka yi ta.

Rediyo, faifai da kaset

Abin da ya tsaya mana a madadin takarda shi ne na'urar ɗaukar murya. Gidan rediyo da talabijin na Kaduna, wanda gwamnatin Jihar Arewa ta buɗe a 1962, shi ya kai muryar waɗannan mawaƙa har inda ƙafarsu ba ta taka ba, daga Agadas zuwa zangon Kumasi. Kamfanoni irin su EMI suka buga faifai. Gwamnati ma ta gane amfaninsu: lokacin yaƙin basasa, da lokacin da aka koma tuƙi a hannun dama a 1972, da sa'ad da naira da kwabo suka maye gurbin fam da sule a 1973, bakin mawaƙan jama'a aka nema don saƙo ya isa ƙauye. Makaɗin da ake raina mahaifinsa ya zama wanda hukuma ke aika wa mota. A 1988 Jami'ar Ahmadu Bello ta ba Shata digirin girmamawa na dakta.

Kaset ya shigo a shekarun 1970 ya sauya lissafi. Kowa na iya ɗauka, kowa na iya kwafa. Mai gida ya gayyaci makaɗi biki, ya ajiye rakoda a gefe, washegari kaset ɗin na hannun masu sayarwa a tasha. Mawaƙan ba su damu sosai ba, domin abincinsu ba a kaset yake ba. A fili yake, a liƙi da kyautar mota da kujerar Makka. Kaset talla ce kawai da ke jawo gayyata ta gaba. Wannan lissafi ya yi daidai muddin akwai filin, kuma muddin mawaƙin na da rai.

Yanzu da suka tafi, magadansu sun gaji suna, wasu kuma sun gaji kasuwar. Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya, wadda aka sabunta a 2022 aka sa mata hannu a watan Maris na 2023, tana kare waƙa har shekara 70 bayan rasuwar mai ita. Ke nan waƙoƙin Shata suna da kariya har ƙarshen 2069. Shi kuwa ɗaukar muryar, wato faifan ko kaset ɗin kansa, shekara 50 ce kariyarsa, saboda haka abin da aka fitar a tsakiyar shekarun 1970 wa'adinsa yana cika a 'yan shekarun nan. A takarda ke nan. A zahiri, duk mai buɗe YouTube ko Facebook zai ga shafuka barkatai suna ɗora waƙoƙin nan da hoton mawaƙin, kuma mai tura waƙa a kasuwa yana cika katin waya da su a kan kuɗin da bai kai na kwanon abinci ba. Akwai kuma sharaɗin da ya fi cutar da waƙar baka: doka ba ta kare aiki sai an adana shi a wani abu da za a iya gani ko saurare. Waƙar da aka ƙaga a fili aka tashi ba a ɗauka ba, a idon doka kamar ba a yi ta ba.

Shi kansa Shata bai san adadin waƙoƙinsa ba. Abin lura ne cewa mafi girman ƙoƙarin tattara su daga 'ya'yan wannan yanki ya fito. Littafin tarihinsa, Shata Ikon Allah, wanda ya fito a 2006, ɗan jarida Ibrahim Sheme ne ya jagoranci rubuta shi, kuma cikin abokan aikinsa akwai Dakta Aliyu Ibrahim Ƙanƙara, wanda ya ci gaba da bin diddigin waƙoƙin da mutanen da aka yi wa su. Sunayen marubutan biyu kaɗai sun isa su nuna inda abin ya fi shiga jini. Amma Shata ne ya samu wannan gata. Ɗaruruwan ƙananan makaɗa da suka yi zamani da shi a kasuwannin ƙauye, masu kukuma da gurmi da kalangu da ba su taɓa shiga situdiyo ba, babu wanda ya bi su da biro.

Filin da aka rufe

An saba ɗora laifin mutuwar kiɗan gargajiya a kan fiyano da finafinan Kano, kuma akwai gaskiya a ciki. Tun daga shekarun 1990, yaro mai murya ya gane cewa da na'ura ɗaya a ɗaki zai yi abin da a da sai da makaɗa biyar. Wa'azin malamai a kan kiɗa ya ƙara tsanani, bukukuwa da yawa suka koma walima. Waɗannan sun shafi ko'ina a Arewa. Abin da ya bambanta Faskari da Sabuwa da Ƙanƙara shi ne a nan filin kansa aka ƙwace.

Waƙar kaɗaita tana bukatar abu uku: dare, hanya, da mutanen da ba sa tsoron a san suna da kuɗi. Rikicin 'yan bindiga ya ci dukkan ukun. A watan Yunin 2020 aka kashe gomman mutane a Kadisau ta ƙaramar hukumar Faskari. A ranar 11 ga Disambar shekarar aka kwashe ɗaliban makarantar sakandaren kimiyya ta Ƙanƙara, aka sako 344 bayan kwana shida. A ƙarshen Agustan 2021 gwamnatin Aminu Bello Masari ta hana motocin haya bin hanyar Ƙanƙara zuwa Sheme, ta dakatar da cinikin dabbobi a kasuwannin ƙananan hukumomi da dama har da waɗannan ukun, ta hana hawa babur daga ƙarfe 6 na yamma zuwa 6 na safe a yankunan da ke bakin daji. A watan Satumba aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13. An sassauta matakan daga baya, amma ɗabi'ar da tsoro ya koyar ba ta tafi ba. Ana ɗaura aure da hantsi, a kai amarya kafin la'asar, kowa ya kama gabansa.

Na ukun ne ya fi yi wa sana'ar illa, kuma ba a cika maganarsa ba. Aikin makaɗi shi ne ya tsaya a bainar jama'a ya ce wane ɗan wane ya ba ni kaza, yana da shanu, ya cika rumbu. A da wannan shi ne abin da ake biya a saya. A yau, a garin da ake zargin akwai masu kai wa 'yan daji rahoto, wannan shela ce ta neman a zo a ɗauke ka. Mai hali a Yankara ko Sabuwa yana ɓoye halinsa ne, ko ya kwashe iyalinsa ya koma Funtuwa ko Zariya ko Katsina. Ba wanda zai yi liƙi a fili ya kwana lafiya.

To wa ya rage da zai biya? Na farko 'yan siyasa. Mawaƙin da ya fi kowa suna daga kudancin Katsina a yau shi ne Dauda Kahutu Rarara, ɗan ƙaramar hukumar Ɗanja, wanda ya yi wa Muhammadu Buhari waƙa a 2015 ya yi wa Bola Tinubu a 2023. Murya ɗaya ce a gaba kamar ta Shata, kuma a 2020 har ya gwada neman magoya baya su tura masa naira dubu-dubu kafin ya saki waƙa, wanda liƙi ne ta banki. Amma a tsari ya fi kusa da Narambaɗa: babban ubangida, waƙar da aka shirya a ɗaki, yabo ga namu da zambo ga abokin takara. Bayan kusan shekara ɗari a tasha, waƙar ta koma fada, sai dai fadar yanzu gidan gwamnati ce, kuma ba ta ɗaukar mutum da yawa.

Na biyun ya fi tayar da hankali. Ƙasar Hausa ta san makaɗan da ke wasa masu taurin kai. Kassu Zurmi ya yi wa 'yan tauri, Gambu na ƙasar Kabi ya yi suna da waƙar ɓarayi kafin ya tuba. A 'yan shekarun nan waƙoƙin yabon jagororin 'yan bindiga, har da Bello Turji, sun yi ta yawo a wayoyi. Kuma a watan Yulin 2022, a masarautar 'Yandoton Daji, aka naɗa Ado Aleru sarautar Sarkin Fulani da rana tsaka, mutumin da 'yan sandan Katsina suka sa ladan naira miliyan 5 a kansa bayan harin Kadisau. Gwamnatin Zamfara ta dakatar da sarkin da ya yi naɗin. Ba sai an yi dogon nazari ba kafin a gane wane ne a wannan daji yake da kuɗi a hannu, yake son a ji sunansa, kuma ba ya tsoron kowa ya sani. Sana'ar da ta ginu a kan bin mai bayarwa ba ta da wata garkuwa daga irin wannan ubangida, in ban da cikin makaɗin da imaninsa.

Koyon kalangu ba a aji ake yi ba. Yaro yana bin maigidansa biki-biki shekaru, yana ɗaukar kaya, yana amshi, kafin a bar shi ya rataya ganga. Idan aka yi shekara biyar ko shida ba a fita, an yi asarar zubi guda na masu koyo, kuma waɗanda suka iya suna tsufa a kan babur ɗin haya ko a gonar wani.

Saura kaset. A 2019 hukumar UNESCO da ƙungiyar masu adana sauti ta duniya suka yi gargaɗin cewa na'urorin da ke karanta zaren kaset suna ƙarewa, kuma abin da ba a juya zuwa kwamfuta ba nan da 'yan shekaru zai iya zama ba a iya sauraronsa. Suna magana ne a kan ɗakunan ajiya masu sanyi da ma'aikata. A gidanmu akwai wata jakar fata da mahaifina ya tara kaset a ciki, da yawansu ba na kanti ba ne, a bukukuwa aka ɗauke su, an rubuta sunan ango da biro a jiki. Rabonmu da na'urar da za ta kunna su ya fi shekara goma. Irin wannan jaka tana nan a gidaje da yawa daga Daudawa zuwa Yankara, kuma ba ita mutum ke fara ɗauka ba idan aka ce ga su nan tafe. Waƙar da wani mai kukuma ya yi wa wani manomin auduga a dandalin Yankara a shekarun 1960, kafin rakoda ta zama ruwan dare, ba ta ma shiga jakar ba. Tana kan tsofaffin da suka halarci filin ne kawai, kuma wasunsu yanzu suna zaman gudun hijira a gidajen 'yan uwa a Funtuwa.